Wa Ya Gaya Miki? Abin Da Masu Bincike Suka Gano Game Da Rediyo, Waya Da Ƙuri'a

Wannan mako wata tambaya na kawo muku, ina roƙon kowace ta amsa wa kanta tsakaninta da Allah. Ra'ayin da ki ke da shi game da ɗan takara wane, ko game da allurar yara, ko game da mutanen wancan gari, daga ina kika samo shi? Da idonki kika gani, ko gaya miki aka yi? In kuwa gaya miki aka yi, wa ya gaya wa wanda ya gaya miki?

Kada ku ɗauki wannan tambaya da wasa. Akwai malamai a manyan jami'o'in duniya waɗanda suka ƙare rayuwarsu wajen neman amsarta. Ilmi ne mai zaman kansa, ana koyar da shi a Jami'ar Bayero ta Kano da Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, a sashen koyon aikin jarida. Aikin masu wannan ilmi shi ne su auna yadda jarida da rediyo da talabijin da wayar hannu su ke juya ra'ayin jama'a, musamman a kan siyasa. Mu mutanen Kankiya da Kusada abin ya shafe mu ƙwarai, gama mu da Ingawa wakili ɗaya mu ke aikawa Majalisar Wakilai a Abuja, ga kuma 'yan majalisar jiha da gwamna da shugaban ƙasa, duk da ƙuri'armu su ke hawa. Ƙuri'ar nan kuwa daga ra'ayi ta ke fitowa. To, ashe ya kamata mu san inda ra'ayin ya ke fitowa.

Yadda Labari Ya Ke Iso Mu Tun Dā

A zamanin kakanninmu labari da ƙafa ya ke tafiya. Sanƙira ya yi shela, fatake su kawo na nesa ran kasuwa, maroƙa da makaɗa su baza shi. Mace kuwa tana cikin gida, sai abin da maigida ya ga dama ya faɗa, ko abin da dillaliya ta shigo da shi tare da kayanta.

A watan Janairu na 1939 aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo a Zariya. Editanta shi ne Malam Abubakar Imam, wanda ya yi karatu a Kwalejin Katsina, ya kuma koyar a Midil ta Katsina. A shekarun 1950, zamanin Yaƙi da Jahilci, Lardin Katsina ya sami tasa 'yar jarida mai suna Himma. Masu karatu kaɗan ne a lokacin, saboda haka mutum ɗaya ke karantawa a zaure ko gindin inuwa, sauran suna saurare. Ga kuma motar majigi tana zagaya garuruwa da dare, tana nuna wa jama'a abin da hukuma ta ke so su gani. Wani malami, Brian Larkin, ya zauna a Kano ya yi bincike a kan majigi da rediyon farko, littafinsa ya fito a 2008.

A 1957 BBC ta buɗe sashen Hausa, a 1962 kuma aka kafa gidan rediyo da talabijin na Kaduna. Da akwatin rediyo mai batir ya yi araha, sai labari ya daina tsayawa a zaure, ya shigo har ɗakin uwargida da bakin murhu. Ta cikin wannan akwati ne muryar Alhaji Mamman Shata, haifaffen Musawa nan kusa da mu, ta zagaye ƙasar Hausa. Shi kansa Shata ya shiga siyasa, har ya zama kansila a ƙaramar hukumar Kankiya a shekarun 1970. Amma ku lura da wannan: matan Arewa sun daɗe suna jin siyasa a rediyo kafin a ba su damar yin ta. Sai a 1976 aka yarda mu jefa ƙuri'a, babban zaɓen ƙasa na farko da muka shiga kuwa shi ne na 1979. Irin su Hajiya Gambo Sawaba ta Zariya sun sha ɗauri kafin a kai ga haka. Abin da aka samu da wahala bai kamata a sayar da shi don jita-jita ba.

Rediyo Allura Ce?

Sa'ad da rediyo ya fara yaɗuwa a Turai da Amurka, mutane da yawa sun tsorata. Sun zaci kamar allura ya ke, watau duk abin da aka zuba a ciki zai shiga jikin mai saurare kai tsaye, ya juya shi yadda a ke so. Sai wani malami mai suna Paul Lazarsfeld da abokan aikinsa biyu, Bernard Berelson da wata mace Hazel Gaudet, suka ce a auna a gani. A shekarar zaɓen shugaban Amurka ta 1940 suka je wata gunduma a jihar Ohio, suka zaɓi mutum 600, suka riƙa komawa wurinsu suna yi musu tambayoyi daga watan Mayu har Nuwamba.

Abin da suka samu ya ba su mamaki. Duk da jaridu da jawaban rediyo na wata da watanni, kamar mutum 8 cikin 100 ne kaɗai suka bar wannan jam'iyya suka koma waccan. Yawanci sun tsaya inda gidansu da addininsu da abokan zamansu suka tsaya. Kowa kuwa ya fi sauraron abin da ya dace da ra'ayinsa na dā. Waɗanda suka sake ra'ayi, da aka tambaye su dalili, sau da yawa sukan ambaci wani mutum: ɗan'uwa, ko maƙwabci, ko abokin aiki. Daga nan malaman suka ce labari zango biyu ya ke yi. Zango na farko daga jarida ko rediyo zuwa wasu mutane masu bin labari da kyau. Zango na biyu daga bakin waɗannan zuwa kunnen waɗanda suka amince da su.

Mu ma muna da shaida a tarihinmu. A zaɓen 1959 jam'iyyar Action Group ta zo Arewa da jirgi mai saukar ungulu da takardun talla birjik. Jama'a suka fito kallo, suka yi mamaki, amma ran zaɓe jam'iyyar NPC ce ta kwashe yawancin kujerun Arewa. Kallo dabam, yarda dabam.

Mata 800

Binciken da ya fi jan hankalina tun muna kwalejin horon malamai shi ne wanda aka yi a kan mata zalla. A 1945 aka yi wa mata kamar 800 tambayoyi a garin Decatur na Amurka, Elihu Katz da Lazarsfeld suka buga sakamakon a 1955. An tambaye su wa su ke bi wajen cefane, da wajen ado, da wajen zaɓen fim, da wajen al'amuran gari. Sai aka ga kowane fanni da jagorarsa. Wajen cefane an fi jin maganar matan da ke da iyali da yawa, don sun goge. Wajen ado da fim an fi bin 'yan mata. Wajen siyasa kuwa mata da yawa maza suka ambata, kamar miji ko uba. An kuma ga jagorar nan galibi ba wata babbar attajira ba ce daga nesa, 'yar'uwarki ce mai zama irin naki, sai dai ta fi ki karatu da sauraro.

To, 'yan'uwa, ku duba unguwarku a Kankiya ko Kusada, za ku ga masu riƙe da zango na biyu. Ga mai kitso, wadda kan mata da yawa ke bi ta hannunta kowane mako. Ga ungozoma, ga dillaliya, ga uwar adashi, ga malamar Islamiyya. Ga kuma ke da ki ke karanta wannan shafi. In an kawo takardar asibiti ke a ke nema ki karanta. In saƙo ya shigo wayar gwaggo, 'yar makaranta a ke kira ta duba. Duk abin da kika ce shi ne ya ke zama gaskiya a wannan gida, don an san kin yi ilmi. Ko kin sani ko ba ki sani ba, ke gidan rediyo ce, masu sauraronki kuwa sun fi yarda da ke bisa ga wanda ke magana daga Kaduna ko London.

Wa Ke Zaɓa Mana Abin Hira?

Kada wata ta ce ashe rediyo ba shi da ƙarfi ke nan. Yana da shi, sai dai ta wata hanya dabam. A zaɓen Amurka na 1968 wasu malamai biyu, Maxwell McCombs da Donald Shaw, suka sami mutum 100 a garin Chapel Hill waɗanda ba su tsai da wanda za su zaɓa ba. Suka tambaye su waɗanne matsaloli ne suka fi muhimmanci a ƙasa. Sa'an nan suka ƙidaya labaran da jaridu da talabijin suka fi yawaitawa a wannan lokaci. Da suka jera lissafin biyu, sai suka ga kusan ɗaya ne. Abin da 'yan jarida suka sa a gaba shi jama'a suka ɗauka babba. An buga wannan bincike a 1972, an kuma maimaita irinsa a ƙasashe da yawa.

Ma'anar wannan a wurinmu ita ce, mai rediyo ko da bai iya sa ki son wane ba, yana iya sa ki wuni kina zancen wane. Ku saurari shirye-shiryen siyasa na dare, inda waɗanda a ke kira sojojin baka su ke sayen fili su yabi maigidansu, su yi wa abokin hamayyarsa habaici. Wane ya sauya sheƙa, wane ya yi wa wane gori, wane bai je ɗaurin auren 'yar wane ba. Da safe sai ki ji zancen ya cika gidan suna da wurin niƙa. To, ina zancen kuɗin taki kafin damina? Ina zancen famfon unguwa da ya lalace, da magani a asibiti, da malamai a makarantar 'yan mata, da tsaron hanya da gona? Waɗannan su ne ke hana mu barci, amma in ba a ambace su a akwati ba, sai mu ma mu manta da tambayar ɗan takara a kansu ran da ya zo neman ƙuri'a. Waƙar siyasa ma haka ta ke. Daɗin kiɗa ya kan sa sunan mutum ya zauna a baki, har yaro na goye ya iya shi, alhali ba a faɗi ko aiki ɗaya da zai yi ba.

Shirun Tsoro

Wata malama Bajamushiya, Elisabeth Noelle-Neumann, ta gano wani abu kuma. A zaɓen Jamus ta Yamma na 1965 manyan jam'iyyu biyu suna kunnen doki wajen yawan magoya baya, amma da aka riƙa tambayar mutane wa su ke zato zai ci, sai zaton ya yi ta karkata gefe guda. Daga ƙarshe masu shakka suka bi inda su ke zaton rinjaye ya ke. A 1974 ta bayyana dalili: ɗan Adam yana tsoron a ware shi. In ya ga kamar ra'ayinsa ba shi da jama'a, sai ya yi shiru. Shirunsa kuwa ya ƙara sa wasu su zaci babu mai wannan ra'ayi, su ma su yi shiru.

Wace ce a cikinmu ba ta san wannan ba? A gidan biki in manyan mata uku suka ɗaga murya suna yabon wane, sauran sai murmushi, ko da rabinsu ba su yarda ba. Don haka ne 'yan siyasa ke kashe kuɗi wajen tara jama'a da raba atamfa mai hoto, don a ce ai kowa na wane ne. Ki tuna fa, ƙarar murya ba ita ce yawa ba. Kuma a wurin dangwala ƙuri'a doka ta ce ke kaɗai ce, ba miji, ba kishiya, ba uwar ɗaki.

Inda Abin Ya Kai Ga Jini

A ƙasar Ruwanda, a 1994, wani gidan rediyo mai suna RTLM ya yi ta zuga jama'a a kan ƙabilar Tutsi, aka kashe dubban ɗaruruwan mutane cikin kwana kamar 100. Ƙasar tuddai ce, saboda haka wani ƙauye yana kama tashar, wani kuwa dutse ya tare shi. Wani mai bincike, David Yanagizawa-Drott, ya gwada ƙauyukan da juna, ya buga sakamakon a 2014. Ya kimanta cewa kamar kashi 10 cikin 100 na waɗanda suka shiga kisan, zugar rediyon ce ta jawo su. Ya kuma ga tasirin ya tsallaka har ƙauyukan da ke maƙwabtaka da masu kama tashar, watau baki ya kai inda akwati bai kai ba. Ga zango na biyu nan kuma.

A wannan ƙasa dai wata malama, Elizabeth Levy Paluck, ta gwada alherin rediyo. Ta sa wasu rukunin mutane sauraron wasan kwaikwayo na sulhu har shekara guda, wasu kuma wasan kiwon lafiya. Sakamakon da ta buga a 2009 ya nuna abin da kowa ya yi imani da shi a zuciyarsa bai sake sosai ba, amma masu jin wasan sulhu sun fi yarda a yi auratayya, sun kuma fi ƙarfin halin faɗin ra'ayinsu a cikin taro. Tare su ke saurare, suna tattaunawa. Wuƙar da ta yanka albasa ita ce ke yanka yatsa, ya danganta ga mai riƙe da ita.

Zamanin Waya

Tun da wayar hannu ta shigo Nijeriya a 2001, kowa ya zama sanƙira. Manyanmu za su tuna daren nan na watan Agusta 2014, lokacin cutar Ebola, da saƙo ya zagaye ƙasa wai a yi wanka da ruwan gishiri a kuma sha. Ba likita ya faɗa ba. 'Yan'uwa ne suka riƙa tashin 'yan'uwa daga barci saboda ƙauna, har aka sami waɗanda suka rasa rayukansu. A 2018 kuma aka baza cewa wai shugaban ƙasa na lokacin, marigayi Muhammadu Buhari, mutumin Daura, ya rasu an kawo wani daga Sudan a madadinsa, har sai da ya fito da bakinsa a watan Disamba ya ƙaryata.

A 2018 ɗin dai wasu malamai uku a Amurka suka bi sawun labarai kamar 126,000 a dandalin Twitter, suka ga ƙarya ta fi gaskiya saurin yaɗuwa nesa ba kusa ba, kuma mutane ne ke tura ta, don ta fi ban mamaki da tada hankali. Bayan zaɓen 2019 kuma masu bincike daga cibiyar CDD ta Abuja da Jami'ar Birmingham ta Ingila suka duba yadda aka yi amfani da WhatsApp a jihohin Kano da Oyo. Sun ga 'yan siyasa sun kafa zauruka tun daga sama har mazaɓu, kuma saƙon ba ya tsayawa a waya, ya kan fita ta baki ya kai ga wanda bai taɓa riƙe babbar waya ba. Sun kuma ga ta wannan hanya a ke ƙaryata wata ƙaryar, a ke kuma sa ido a kan ƙuri'a. Kankiya tana kan hanyar Kano zuwa Katsina, abin da aka ƙulla a Kano da safe kafin azahar ya iso mu.

Abin Da Ya Kamace Mu

Tun da mun san mu ne zango na biyu, ga shawarwari. Na farko, in labari ya zo miki, ki tambayi asalinsa kafin ki kai shi gaba. "An ce" ba sunan kowa ba ne. Na biyu, ki tambayi kanki wa zai ci riba in kin yarda. Shirin da aka saya da kuɗi talla ne, ko da an yi masa kamar labari. Na uku, kada ki tsaya ga tasha ɗaya. Ki ji ta gwamnati, ki ji mai zaman kanta, ki ji ta waje, ki gwada su. Na huɗu, labarin da ya sa gabanki faɗuwa ko ya cika ki da fushi a kan wata ƙabila ko wani gari, shi ya fi bukatar ki kwana da shi kafin ki furta, gama magana zarar bunu ce. In na lafiya ne, ki tambayi ma'aikatan asibiti. Na biyar, in ba ki tabbata ba, ki ce wa gwaggo ba a tabbatar ba tukuna. Wannan ba ya rage miki daraja, ƙara miki ya ke yi.

Ku kuma 'yan makaranta, ga aikin gida. Ku sami littafi, ku yi mako guda kuna rubuta labarai uku na farko da a ke karantawa a rediyo kowace safiya. Sa'an nan ku tambayi mata goma a unguwarku abin da ya fi damunsu a rayuwa, da kuma abin da suka fi jin ana zance. Ku jera amsoshin ku gani ko sun dace. In kun yi haka, kun yi irin aikin da McCombs da Shaw suka yi, ba ku bar Kusada ko Kankiya ba. Ku aiko mana da abin da kuka samu, za mu buga a wannan fili in Allah ya so. Wa ya sani ko a cikinku akwai wadda za ta je jami'a ta zurfafa a wannan ilmi, ta rubuta labarin matan ƙasar Katsina da rediyonsu da hannunta?

Hausawa sun ce ƙarya fure ta ke yi, ba ta 'ya'ya. Gaskiya ne, amma kafin furen ya kaɗe ta kan raba zumunci, ta hana yaro allura, ta ɗora wanda bai cancanta ba a kan kujera har shekara huɗu. Allah ya ba mu kunnen ji da hankalin tacewa, ya tsare harsunanmu, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin. Sai mako mai zuwa.